Gaisuwar Ban Girma Ga Mazajen Da Suka Kashe Shekau Sau Huɗu

Allah ya ja zamanin manyan hafsoshin Najeriya, masu taurari a kafaɗa, masu sanda a hammata, zakunan Abuja waɗanda gurnaninsu ke kaiwa dajin Sambisa tun ba su tashi daga kan kujera ba. Allah ya ƙara wa kakakinsu ƙarfin maƙogwaro da yalwar tawada. Kowace ƙasa tana da mayaƙanta, amma akasarinsu gajerun himma ne, da sun kashe abokin gaba sau ɗaya sai su rataye bindiga su koma gida. Amurka, duk da tutiyarta, ta kwashe kusan shekara goma tana farautar Usama bin Laden, ta tura jirage masu saukar ungulu har Abbottabad ta ƙasar Pakistan a watan Mayun 2011, kuma abin da ta iya bayan duk wannan ɗawainiya shi ne kisa ɗaya tal. Namu mazajen kuwa, mutum guda, Abubakar Shekau na Boko Haram, sau huɗu suna sallamarsa zuwa lahira tsakanin 2009 da 2016, kuma saboda tausayin masu raunin zuciya ba su taɓa tayar wa kowa hankali da nuna gawarsa ba. Lafiya giwaye, takawa sannu!

Wannan baiwa tana da asali, kuma butulci ne a yabi reshe a manta da saiwa. Ranar 30 ga Yulin 2009, bayan kwanaki ana ɓarin wuta a Maiduguri har mutane sama da 700 sun mutu, sojoji suka kama Mohammed Yusuf, shugaban Boko Haram, da ransa. Akwai hotonsa, ba riga a jikinsa, bandeji a hannu, yana tsaye da ƙafafunsa. Suka danƙa shi ga 'yan sanda, cikin 'yan sa'o'i ya zama gawa, aka ce ƙoƙarin gudu ya yi. Wa ya kai 'yan sandan nan tausayin alƙalai? Da an kai mutumin nan kotu, da an yi ta ɓata lokaci ana tambayarsa wa ke ba shi kuɗi, wa ya tsaya masa aka sake shi a kamun da aka yi masa a baya, su wa ke shiga wurinsa da dare su fito kafin asuba. Tambayoyi ne masu hana manya barci, sai harsashi ya hutar da kowa. Aka haɗa da Buji Foi, tsohon kwamishinan harkokin addini na jihar Borno, wanda shi ma cikinsa ke ɗauke da amsoshi. Aka haɗa da surukin Yusuf, Baba Fugu, dattijon da ya kai kansa ofishin 'yan sanda da ƙafarsa. Aka ce an sare kan maciji, magana ta ƙare. A cikin waɗanda aka lissafa sun sheƙa barzahu har da mataimakinsa, Shekau. Kisa na farko ke nan.

A tsakiyar 2010 mamacin ya bayyana a bidiyo, bindiga a gefensa, yana shelar cewa jagoranci ya dawo hannunsa. A Satumban shekarar aka fasa gidan yarin Bauchi, fursunoni sama da 700 suka fice. A Yunin 2011 bam ya tashi a hedikwatar 'yan sanda ta ƙasa a Abuja, a Agusta ya tashi a ginin Majalisar Ɗinkin Duniya. Ranar Juma'a 20 ga Janairun 2012 Kano ta ga abin da ba ta taɓa gani ba, aƙalla mutum 185 suka kwanta dama. Masu ƙaramin tunani suka ce kashe Yusuf ba shari'a shi ya buɗe ƙofa ga wanda ya fi shi ƙeƙashewar zuciya. Masu zurfin tunani kuwa suka gane maganin ne bai isa ba, suka ɗaura aniyar maimaita shi.

Ranar 19 ga Agustan 2013 kakakin rundunar haɗin gwiwa a Maiduguri, Laftanar Kanar Sagir Musa, ya fitar da takardar da ya kamata a rataye a ƙofar kowace makarantar koyon aikin likita. Takardar ta san ranar da aka harbi Shekau, 30 ga Yuni. Ta san wurin, dajin Sambisa. Ta san garin da aka lallaɓa aka kai shi jinya a kan iyakar Kamaru. Ta kuma ce akwai kyakkyawan zaton ya cika tsakanin 25 ga Yuli da 3 ga Agusta. Ku dubi wannan ladabi, jama'a: ba a takura wa mamaci da rana ɗaya ba, an shimfiɗa masa kwana goma ya zaɓi wadda ta yi masa. Gwanin da ke duba majiyyaci daga wata ƙasa, ya ji bugun zuciyarsa ta cikin kurmi, ya yanke masa takardar mutuwa bai taɓa ɗora ido a kansa ba, ai ya wuce a kira shi soja kawai. Hattara dai boka mai kaki, mai gani har hanji, wanda tazara ba ta sha masa kai!

Kafin Satumba ya ƙare Shekau ya sake fitowa a bidiyo yana ƙyaƙyata dariya, irin ta marar tarbiyyar da bai san darajar takardar hukuma ba. A watan nan aka tare hanyar Maiduguri zuwa Damaturu a Benisheikh, aka kashe matafiya sama da 100. Aka bi ɗaliban kwalejin aikin gona ta Gujba har ɗakin kwanansu cikin dare. A Fabrairun 2014 aka yi wa kwalejin gwamnatin tarayya ta Buni Yadi irin wannan, yara maza 59, wasu an harbe, wasu an ƙone su a cikin ɗaki. Ranar 14 ga Afrilu aka kwashe 'yan mata 276 daga makarantarsu a Chibok. Yaran Gujba da na Buni Yadi 'ya'yan talakawa ne, ba su iya komai da salo ba. Sau ɗaya suka mutu, kuma babu ko ɗayansu da ya sake fitowa a bidiyo, ko da yake iyayensu mata sun daɗe suna kallon ƙofa.

A wannan shekara ta 2014 ne ilimi ya kai ƙololuwa. A watan Mayu kakakin hukumar tsaro ta farin kaya, Marilyn Ogar, ta wayar wa duniya kai cewa Shekau na ainihi ya riga ya mutu, sunan ne kawai wasu ke ara suna yafawa. A Satumba kakakin hedikwatar tsaro, Manjo Janar Chris Olukolade, ya sanar cewa an kashe wani Mohammed Bashir a fafatawar Konduga, kuma shi ne ke shigar burtu yana fitowa a matsayin marigayi Shekau. Malaman manɗiƙi su zo su durƙusa su ɗauki darasi, domin da wannan ƙa'ida an rufe ƙofar faɗuwa har abada. In an kashe shi bai dawo ba, na gaske ne. In ya dawo, na jabu ne, sai a sake kashe shi a ƙara a lissafi. A farkon Oktoba ya fito ya ce yana nan da ransa, gemu ɗaya, murya ɗaya, soshe-soshe da jan hula iri ɗaya. To, amma me gemu da murya suka isa su ce a gaban sanarwa mai hatimi?

A daidai lokacin, mamacin yana ta cin garuruwa. Gwoza ta faɗa hannunsa a Agusta har ya ayyana daularsa a can, Bama ta bi a Satumba. Sai ranar 17 ga Oktoba babban hafsan tsaro, marigayi Alex Badeh, ya yi wa ƙasa albishir cewa an tsagaita wuta, bayan tattaunawa ta hannun Chadi da wani Danladi Ahmadu da aka ce wakilin ƙungiyar ne. Ba ƙaramin gwarzo ke ƙulla sulhu da wakilin mamaci ba. Shekau ya ce bai san mutumin ba. Ba a yi mako biyu ba Mubi ta faɗi, da ita da Vimtim, garin da aka haifi shi kansa mai albishirin. Ranar 28 ga Nuwamba, ana tayar da sallar Juma'a a babban masallacin Kano, bama-bamai suka tashi, aka bi masu gudu da harbi, sama da mutum 100 suka rasu.

Kada a ce an manta da ƙananan sojoji, 'ya'yan talakawan da su ne ke shiga dajin da ƙafarsu, su kwana a rami, su ga abokansu na faɗuwa. Waɗannan sun sha nuna rashin fahimta. Wasunsu har suka buɗe baki suka ce makaman da ke hannunsu ba su kai na abokan gaba ba. A Disambar 2014 kotun soja ta yanke wa 54 daga cikinsu hukuncin kisa saboda ƙin fita fagen daga, kafin daga baya a sassauta shi ya koma ɗaurin shekara 10. Hukunci ne mai cike da hikima, domin sojan da ke neman ƙarin harsashi don yaƙar mutumin da ya mutu tun bara, a fili yake ba ya karanta jarida. Gwamnatin da ta biyo baya ta gurfanar da tsohon mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro, Sambo Dasuki, bisa zargin cewa kuɗin makamai da aka ce sun kai dala biliyan 2.1 sun bi wata hanya, zargin da ya musanta. Su dai sojojin sun sami hukuncinsu cikin 'yan watanni, saboda ƙaramin mutum ba a wahalar da shi da jira.

Kisa na huɗu shi ne mafi ƙayatarwa, don a nan aka haɗa jarumta da karamci. Ranar 23 ga Agustan 2016 sakataren harkokin wajen Amurka, John Kerry, ya sauka Najeriya, ya je fadar Sarkin Musulmi a Sakkwato, ya wuce Abuja, a lokacin da ƙasar ke neman Amurka ta sayar mata da jiragen yaƙi. A ranar ce kakakin sojan ƙasa, Kanar Sani Usman Kukasheka, ya sanar cewa wani harin sama da ba a taɓa yin irinsa ba ya hallaka kwamandoji a Sambisa, kuma Shekau ya sami rauni mai kisa a kafaɗa. Bahaushe in ya yi babban baƙo rago yake kayar masa, su kuwa waɗannan gidan girma ne, Shekau suka kayar. Kuma ku lura da kaifin ido: daga sararin samaniya, ta cikin ganyaye da hayaƙi, an tantance gaɓar da abin ya sama. Bayan wata guda mai kafaɗar ya fito ya ce lafiyarsa lau. Baƙo dai ya riga ya ci ya tafi.

A Disambar shekarar marigayi Shugaba Muhammadu Buhari ya sanar cewa an ƙwace sansanin da ake kira Camp Zero, tungar ƙarshe ta Boko Haram a Sambisa. An samo tutar Shekau, an samo Alƙur'aninsa, aka miƙa wa shugaba tutar a wajen liyafar sojoji ana tafi. Mutumin ne kawai aka bari, don gwanin mafarauci ba ya ƙarar da daji a fita ɗaya. Ranar 17 ga Janairun 2017 kuma idon nan da ya hango kafaɗa ya hango garin Rann, inda dubban waɗanda suka tsere wa Shekau ke zaune a bukkoki da tantuna. Jirgin sojan sama ya saki bam, ya zagayo ya sake saki. Sama da mutum 100 suka mutu, mata da yara da ma'aikatan agaji na Red Cross da suka je rabon abinci. Aka yi bincike, aka gano mai laifi: sansanin ne ba a yi masa alamar da ta dace a taswira ba. Madalla da bincike mai adalci, wanda bai zalunci kowa ba sai takarda.

A ranar 21 ga Yulin 2017 babban hafsan sojan ƙasa, Laftanar Janar Tukur Buratai, bajimin Buratai, mai umarni ba a musu, ya ba kwamandan rundunar Lafiya Dole kwana 40 ya kawo masa Shekau a raye ko a mace. Wannan shi ne yalwar zuciya, a bar wa mutumin da ya mutu sau huɗu damar a kama shi a raye. Kwana huɗu da umarnin aka yi wa ayarin masu binciken mai na kamfanin NNPC da malaman jami'ar Maiduguri kwanton ɓauna kusa da Magumeri, sama da mutum 50 suka mutu. Kwana 40 suka cika, aka ƙara wa'adi. Ai wanda ya sa wa'adi shi ke da ikon ja masa wutsiya.

Sai kuma abin al'ajabi na Fabrairun 2018, wanda ya cancanci a tsaya a kansa. Rundunar soja ta sanar cewa Shekau ya rasa mafaka, yana ƙoƙarin sulalewa cikin shigar mata, kuma bayanan sirri sun tabbatar yana sauya hijabi tsakanin shuɗi da baƙi, gani na ƙarshe da aka yi masa baƙi ne a jikinsa. Ina ƙasar da leƙen asirinta ya kai nan? Sun san launin mayafi, sun san ranar da aka sauya shi, abin da ya rage musu kaɗan ne, wato inda mai mayafin yake. Kuma an sauƙaƙa wa sojan da ke shingen bincike aiki, tunda a Borno da Yobe matan da ke sa hijabi baƙi ko shuɗi ba su wuce 'yan miliyoyi ba. A makon ne aka sa ladar naira miliyan 3 ga duk wanda ya ba da labarin inda yake. A Nuwamban 2012 naira miliyan 50 aka sa a kansa, Amurka kuma ta sa dala miliyan 7 a Yunin 2013. Masu tattalin dukiyar ƙasa ke nan, sun san mutumin da aka riga aka kashe sau huɗu bai kamata a saye shi da tsadar sabo ba.

Ba a cika mako guda da labarin hijabi ba, ranar 19 ga Fabrairu, motocin mayaƙa suka shiga Dapchi ta jihar Yobe da yamma, suka tambayi hanyar makarantar 'yan mata, suka kwashe ɗalibai 110. An riga an janye sojojin da ke garin zuwa wani wuri, kamar yadda gwamnan jihar na lokacin, Ibrahim Gaidam, ya fito ya faɗa. Biyar daga cikin yaran suka mutu a hannunsu, aka riƙe Leah Sharibu ran da aka sako sauran. Ba laifin masu leƙen asiri ba ne. Idon da aka horar ya bambance shuɗi da baƙi a jikin mutum ɗaya, raini ne a ce ya tsaya ƙirga motoci a kan hanyar ƙauye.

Ranar 28 ga Nuwamban 2020 manoman Zabarmari suka fita yankan shinkafa a fadamar Koshebe, tazarar da ba ta kai tafiyar sa'a guda a mota daga Maiduguri ba. Cikinsu har da 'yan ci-rani da suka taso tun daga jihar Sakkwato neman na abinci. Aka tattara su, aka ɗaure musu hannuwa ta baya, aka bi su ɗaya bayan ɗaya da wuƙa. Washegari aka jera gawa 43 cikin farin likkafani a kan makara, Gwamna Babagana Zulum yana cikin sahun masu sallah. Ɓangaren Shekau ya ce shi ya yi. Mai magana da yawun shugaban ƙasa, Garba Shehu, ya bayyana wa BBC cewa manoman ba su sami izinin sojoji ba kafin su shiga gonakin. Allah ya ƙara basira! Talaka da gaggawa, shinkafa ta nuna, yara na kukan yunwa, shi ke nan sai ya ɗauki lauje ya fita, bai tsaya ya nemi sahalewar waɗanda suka gaya masa tun 2016 cewa an ƙwace tungar ƙarshe ba.

A watan Mayun 2021 mayaƙan ISWAP, tsofaffin yaransa da suka ɓalle tun 2016, suka kutsa Sambisa a kan motoci, suka fatattaki masu gadinsa, suka ritsa shi, suka nemi ya yi mubaya'a. Ya tayar da bam ɗin da ke jikinsa. Cikin 'yan kwanaki suka isa inda wa'adin kwana 40 bai kai ba cikin shekara huɗu. Da aka tambayi rundunar soja, sai ta ce tana bincike. Wannan kamun kai ya isa a yi masa tambari: hukumomin da suka yi ta shelar mutuwarsa yana raye, ran da ya mutu da gaske suka ƙi yin gaggawa, don mutuwar da ba ta bi ta ofis ba akwai shakka a kanta. Tabbaci ya zo a watan Yuni daga muryar Abu Mus'ab al-Barnawi, jagoran ISWAP, ɗan Mohammed Yusuf ɗin nan da aka kashe a 2009 aka ce magana ta ƙare. Jiragen yaƙin Super Tucano 12 da aka biya Amurka kusan dala miliyan 500 a kansu, rukunin farko ya sauka a watan Yuli, wata biyu bayan an gama. Janar Buratai kuwa ƙasa ba ta yi masa butulci ba, a shekarar aka naɗa shi jakada a Jamhuriyar Benin.

Hukumar raya ƙasashe ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ƙiyasta cewa zuwa ƙarshen 2020 yaƙin ya ci rayuka kusan 350,000 a Borno da Yobe da Adamawa, mafi yawansu ƙananan yara ne da yunwa da cuta suka ɗauke. Sama da mutum miliyan 2 sun bar gidajensu, wasu suna Diffa ta Nijar, wasu suna Minawao ta Kamaru. Babu kakakin da ya san ranar da aka harbi ko ɗaya daga cikinsu, ko launin mayafin da ke jikinta. Manya da manya suke hulɗa, kuma sanarwa ba a ɓata ta a kan wanda ba shi da suna.

Abin farin ciki shi ne sana'ar ba ta mutu da Shekau ba. A Oktoban 2021 babban hafsan tsaro, Janar Lucky Irabor, ya tabbatar wa 'yan jarida cewa al-Barnawi ya mutu, kuma zai ci gaba da zama matacce. Bai faɗi inda ya mutu ko yadda ya mutu ba, amma alkawarin cewa wannan karon mamaci zai zauna a inda aka ajiye shi ci gaba ne babba, wanda sai mai hassada zai raina. Yanzu kuma albarkar ta ƙetaro yamma, ta sauka dazukan Zamfara da Sakkwato. A Satumban 2024 jagoran 'yan bindiga Bello Turji ya ɗora wa mutanen Moriki ta ƙaramar hukumar Zurmi harajin naira miliyan 30. Babban hafsan tsaro na lokacin, Janar Christopher Musa, namijin duniya, magajin masu wa'adi, ya kira 'yan jarida a Abuja ya tabbatar musu cewa kama Turji ya kusa ƙwarai. Mutanen Moriki suka ji wannan albishir a rediyo, suka shiga gida gida suna karo-karon kuɗin.